Waccan

Shafi na 14

Da sunan Allah. Ku da kuka hana wayata hutawa tun shekaranjiya, ga shi nan na kawo. Maman Rahina da ta ce idan na sake tsayawa a tsakiyar magana za ta biyo ni har gida, ƙofa a buɗe take, ki taho da tsaraba. Masu zagin Baturiya kuma ku ɗan sassauta, ku bari ta buɗe baki tukuna.

*

Fourera ba ta je aiki ba ranar Alhamis ɗin nan ta watan Afrilun 1996. Ta buga waya masana'antar safar da take ɗinki ta ce ba ta da lafiya, kuma ba ƙarya ta yi ba, don tun da ta kalli kaset ɗin nan jiya da la'asar ko ruwa da ƙyar yake wuce mata. Mijinta Haris ne ya aro shi wurin wata malamar jami'arsu, yana ta murna wai an yi fim a kan ƙasarsu Nijar, kuma Baturiyar Faransa da ta rubuta shi, Madam Roseline, ta zo gari tana neman Fourera ido rufe. Bawan Allah, da ya san abin da ke ciki da a mota ya bar shi.

Fim ne na yunwar 1974 a wajen Dakoro. Akwai wata uwa a ciki mai suna Bebi, da 'yarta Fourera mai shekara tara. Daga farko har ƙarshe uwar ba ta kiran sunan yarinyar, ba ta ma kallonta, sai dai ta ce "waccan". Da motar da za ta kwashi yara zuwa Maraɗi ta zo, uwar ta ce ku tafi da waccan, ta juya baya ta ci gaba da saƙar tabarmarta. Kalmar nan aka fassara da Faransanci ta zama sunan fim ɗin. A ƙarshe kuma sai ga hoton gaske ya cika talabijin, Inna Bebi da kanta tana da ƙuruciya, da sunanta da na ƙauyensu a ƙasa, da jimla guda: uwar da yunwa ta cinye wa zuciya.

Jibi Asabar za a nuna shi a babban ɗakin taro na jami'a. 'Yan Nijar na Greensboro, nan Amurka, kaf sun ji labari, mata har an fara zancen anko. Ita kuwa Inna Bebi tana kwance a ɗakin 'yarta a High Point Road, inda aka kawo ta jinyar shanyewar ɓarin jiki, ba ta san wainar da ake toyawa ba.

Fourera ta bar Haris yana jiran Inna, ta hau bas zuwa cikin gari, ta taka daga tasha zuwa gidan shayin da aka kwatanta mata a Elm Street, inda Baturiyar ke jiranta. A hanya ta haɗa maganganu iri-iri masu zafi da Faransanci, ta maimaita su har ta haddace. Tana tura ƙofa duk suka zube.

Madam Roseline ce ta fara gane ta. Doguwa ce siririya, gashinta ya yi fari an yanke shi gajere irin na maza. Ta miƙe da hannuwa a buɗe, idonta cike da ƙwalla, tana cewa 'yar ƙaramata, 'yar ƙaramata. Fourera ta miƙa mata hannu ɗaya daga nesa, ta ja kujera ta zauna.

Baturiyar ba ta lura ba, ko kuma murna ce ta rufe mata ido. Ta roƙi Fourera ta zauna ta damanta, don kunnenta na hagu ya mutu tun a Beirut. Daga nan ta ɓalle da labari, tarihinta kaf ba a tambaye ta ba. Ta ce lokacin da ta je Dakoro ba ta wuce shekara ashirin da shida ba, kuma a jaridarsu ta Paris ba wanda ya san da zamanta, gasar karnuka da ɗinkin mata ake tura ta ta rubuto. Da kuka da roƙo ta samu aka bar ta ta je inda ake yunwa. Labarin uwa da 'yar nan da ta aiko shi ya sa manya suka koyi sunanta. Daga shi sai Labanan, sai Chadi, duk inda ake ɓarin wuta ita ake turawa, har ta gaji da ƙirga gawawwaki ta ajiye aikin jarida ta koma rubuta wa talabijin wasanni. Ta ce duk waɗancan neman abinci ne, wannan fim ɗin kaɗai ta rubuta da zuciyarta. Hoton nan kuma bai taɓa barin kan teburinta ba, kullum sai ta kalle shi ta tambayi kanta ina yarinyar nan ta ƙare.

Ta dafa hannun Fourera ta ce ranar Asabar tana so su tsaya tare a gaban jama'a, duniya ta ga yarinyar da aka yar ta zama mace.

Fourera ta janye hannunta. Shayin da aka kawo mata yana ta huci, ba ta taɓa shi ba.

"Madam, duk zaman da kika yi a sansanin yunwar nan na Dakoro, kin taɓa tambayar wata mace abin da ya sa Inna ba ta kiran sunana?"

Roseline ta ce ta tambayi tafintanta, wani malamin makaranta ɗan birni. Ya yi 'yar dariya ya sunkuyar da kai ya ce haka suke.

"Sai kika rubuta mi?"

"Na ɗauka yana nufin wahala ta busar da su."

"Yana nufin haka muke. Da yunwa da ƙoshi."

Baturiyar ta karkato da kunnenta mai ji.

"Ni ɗiyar fari ce, Madam. A wurinmu uwa ba ta kiran sunan ɗan fari. Ba ta wasa da shi a gaban mutane, ba ta yabonsa, idan ya faɗi ba ita ke fara ɗagawa ba. Kunya ake kiran abin. Kakata haka ta yi wa ɗanta na fari, matar gwamna haka take yi wa nata. Macen da ta buɗe baki ta kira sunan ɗan farinta, ita ce ake cewa ba ta da tarbiyya."

Jama'a, rashin sani ya fi dare duhu. Mace ta zaga duniya, ta kwana cikin harsashi, ta ci lambar yabo, ashe abin da kowace yarinya mai tallan goro a Dakoro ta sani shi ya kayar da ita. Ni dai a nan na fara jin tausayinta, ku kuma ban hana ku naku ba.

Amma 'yar jarida ce, ba ta saba sakin magana da sauƙi ba. Ta ce to ta yarda da batun suna. Juya bayan fa? Da idonta ta gani. Ana ɗora yarinya a mota tana ihu, uwar ko ɗago kai ba ta yi ba.

Fourera ta ce surukan Inna suna tsaye a wurin, da uwar mijinta da yayyensa mata. Da ta zubar da hawaye ɗaya a gabansu da har ta mutu ana yi mata gori da shi. Ta ce kukan ɗan fari a bayan ɗaki ake yinsa, inda ba mai kyamara.

Sannan ta faɗi abin da ba ta taɓa faɗa wa ko Haris ba.

"Wuri ɗaya aka ba gidanmu a motar nan. Mu uku ne. Ƙannena biyu da take kiran sunansu safe da yamma, su ta riƙe, ni ta sa a mota. Kafin damina ta sauka an binne ɗaya. Ki gaya mini, Madam, wa aka yar?"

Fuskar Roseline ta yi fari fat. Ta lalubo sigari daga jaka, ta kasa kunna ashana, ta ajiye. Can ta fara magana a hankali, idonta a kan tebur. Ta ce tana shekara bakwai uwarta ta kai ta makarantar kwana ta mata masu zaman coci, ta ce za ta dawo ranar Lahadi. Ta tsaya a bakin ƙofar ƙarfe tana kallon bayan uwarta har ta sha kwana, ba ta waiwayo ba, kuma Lahadin nan ba ta zo ba har yau. Ba ta taɓa rubuta wannan ba, ba ta taɓa gaya wa mazan da ta aura ba.

"Da na ga bayan mahaifiyarki ranar nan, bayan tawa na gani. Ina jin tun kafin in tambayi kowa na gama rubuta labarin."

Fourera ta so ta ji daɗi. Ta zo ne a kan ta ga matar nan ta durƙushe, ga shi ta durƙushe, amma ba abin da ya ragu a ƙirjinta. Ta ce Allah ya jiƙan na baya, ita abu ɗaya ya kawo ta, a fasa nuna fim ɗin. In ba za a fasa ba a yanke hoton ƙarshe, a cire sunan uwarta.

Sai ga wadda ake tsoron alƙalaminta a Paris tana murza yatsu. Ta ce ba ta da iko. Fim ɗin na kamfani ne, an riga an nuna shi a Faransa, an sa shi a talabijin, kaset ya bazu, wata mai zuwa ma zai isa Yamai. Mai rubuta fim kamar mai tuwon biki take, da an kwashe tukunya ba a sake waiwayarta. Ko ta buga waya yanzu ba wanda zai yanke ko ƙiftawar ido saboda ita. Jami'a kuma ta riga ta karɓi fim ɗin, ko ta ƙi zuwa ranar Asabar za a kunna shi ba ita.

"Abin da zan iya kawai, in tashi bayan an gama in ce na yi kuskure."

"Bayan sun gani."

"Bayan sun gani."

Gani ya kori ji, kowa ya san wannan, Baturiyar ma da hoto ta ci abinci ta fi kowa sani. Mai shago yana ta goge teburin da ke kusa da su yana satar kallo.

Daga ƙarshe Roseline ta roƙi a kai ta wurin Inna ta nemi gafara da bakinta. Fourera ta yi niyyar cewa a'a. Amma ba a tare wa mai neman gafara hanya, kuma gaskiyar magana ba ta da wata dabarar da ta wuce wannan. Ta miƙe ta gyara mayafi ta ce su je.

*

A motar haya ta Baturiyar suka iso. Haris ya buɗe musu, ya dubi fuskar matarsa ya gane ba a dace ba. Ya gaida baƙuwa sama-sama, ya ce bon, shi zai je ya ɗauko 'yarsu Ruwaida daga lakkal, wato makaranta, ya zari makulli ya fice. Maza ke nan, da sun hango ruwan hawaye sai su tuna da aike.

Inna Bebi tana jingine da matashi biyu a kan gado, hannun dama a kwance a cinyarta ba ya motsi, bakinta ya ɗan karkace. Ciwon ya taɓa harshe amma bai taɓa hankali ba. Ta ƙura wa baƙuwar ido, sai ɓarin fuskarta mai lafiya ya washe.

"Anasarar Dakoro. Mai ci da hagu."

Ta gane ta. Ta shiga murna da harshenta mai nauyi, kalma na fita ɗaya bayan ɗaya. Ta tuna yadda Anasarar take raba wa yara ƙwayar sukari, da ranar da kunama ta harbe ta mata suka yi ta dariyar ihunta. Ta tambayi mijinta da 'ya'yanta, da aka ce ba ta haihu ba ta yi mata addu'a. Ta ce ke, kawo wa baƙuwa ruwa. Sannan ta nuna Fourera da haɓa, ba tare da ta kalle ta ba, ta ce da Baturiyar:

"Kin ga waccan ta girma."

A duk Hausar duniya kalmar nan kaɗai Roseline ta riƙe. Yau ta ji ta daga bakin da ta fara jinta, ta kuma ga abin da ke fuskar mai faɗar, alfaharin da ake ta dannewa yana leƙowa. Ta zube a gaban gado ta kifa goshi a kan katifa tana kuka.

Inna ta tsorata. Ta tambayi ko rasuwa aka yi mata.

Tafinta a ɗakin nan ɗaya ce, kuma ita ce wadda ta fi kowa son a yi shiru. Fourera ta ce ba komai Inna, wani rubutu ta yi a kanmu tun da daɗewa, ta yi ɗan kuskure a ciki, shi ne ta zo ba da haƙuri. Inna ta ce Allah ya yafe mana baki ɗaya. Amma ta ci gaba da kallon Baturiyar, don ta san ɗan kuskure ba ya sa babbar mace birgima a ƙasa.

"Mi ta ce na yi?"

"Inna, ya wuce."

"Ke. Mi ta ce na yi?"

Fourera ba ta taɓa iya yi wa muryar nan ƙarya ba. Ta durƙusa a ɗaya gefen gadon, ta sunkuyar da kai, ta faɗa. Ta faɗi suna, ta faɗi mota da tabarma, ta faɗi hoto. Jimlar ƙarshe ce ta maƙale mata, sai da Inna ta sake cewa ke, sannan ta fito da ita.

Inna ba ta yi salati ba, ba ta yi kuka ba. Ta kalli silin ta daɗe. Hannunta mai lafiya yana murza bakin zanen gado.

Ta tambayi su wa za su gani. Fourera ta ce mutanenmu na nan, kuma ai su sun san al'ada, za su gane Anasara ce ba ta sani ba. Inna ta ce manya za su gane.

"Ɗiyan da kuka haifa nan fa?"

Makon da ya wuce 'yar Fourera, Ruwaida, wadda ba ta san wata ƙasa ba sai Amurka, ta tsaya a bakin ƙofar nan ta tambaya da Turanci me ya sa Kaka take kiran sunan kowa ban da na Mom, ko faɗa suka yi. Fourera ta kore ta da tsawa, ta ɗauka Inna ba ta ji ba. Ashe tsohuwa ba ta jin Turanci amma tana jin fuska.

Roseline ta ɗago da jajayen idanu ta tambayi abin da ake cewa. Da aka gaya mata sai ta yi zumbur, irin na wanda ruwa ya ci ya hango reshe. Ta jawo jakarta ta fito da ƙaramar kyamarar bidiyo. Ta ce akwai hanya. Hoto ba ya mutuwa sai da hoto. In Inna za ta kalli kyamara ta kira sunan 'yarta sau ɗaya tak, ita za ta sa a haska shi ranar Asabar da zarar fim ya ƙare, za ta kai shi Paris, za ta kai shi duk inda fim ɗin ya je. Duniya za ta ji uwar nan da bakinta.

Kun ji fa. Mace ta gama jin bayani da kunnenta, ta yi kuka har da majina, amma maganin da ta kawo shi ne ciwon. Kuma ba mugunta ba ce, wallahi da zuciya ɗaya ta faɗa, abin da ta iya ke nan.

Fourera ta ce mata da Faransanci ta mayar da abin nan jaka. Ta ce kin tuɓe ta a gaban Turawa ba ta sani ba, yanzu kina so ta tuɓe kanta a gaban mutanenta tana sane. Baturiyar ta yi sororo da kyamara a hannu, ta ce pardon, ta fara laluben zif ɗin jaka.

Inna ta riga ta gani. Ta ga kyamara, ta ga Anasara tana taɓa leɓenta tana nuna Fourera, ta kuma ji sunan 'yarta sau biyu a cikin yaren da ba ta sani ba. Ba ta buƙaci tafinta ba.

"Hwaɗa mata ta kunna."

"Inna, don Allah."

"In na hwaɗi, za su bar cewa na yar da ke?"

"Ban sani ba, Inna. Wallahi ban sani ba."

"Jikata za ta ji?"

Inna ta ce a gyara mata lulluɓi, ba za ta shiga hoto kai a buɗe ba.

Gaba kura baya sayaki. In ta hana, uwarta za ta koma ƙasa da sunan wadda ba ta da zuciya, a bakin mutanen da ba su taɓa shan ruwan Dakoro ba, har da jikarta. In ta bari, matar da ta riƙe mutuncinta cikin yunwa, ta riƙe shi a kan kabarin ɗanta, za ta zubar da shi yau a kan gadon jinya don a nuna wa baƙi. Fourera ta ɗauko mayafi ta yafa mata, ta goge mata gefen baki. Roseline ta dube ta tana neman izini. Ba ta ce e ba, ba ta ce a'a ba. Baturiyar ta ɗora kyamarar a kan teburin magunguna, ta saita ta, 'yar jar fitila ta kama.

Bari in gaya muku abin da Fourera ba ta gaya wa Baturiya a gidan shayi ba. Duk bayanin kunyar nan da ta yi gaskiya ne, ta yarda da shi, za ta iya rantsuwa a kai. Amma tun tana yarinya, idan ta ji Inna ta ƙwala wa ƙanwarta kira, sai wani abu ya soke ta a ƙirji. A gidan goggonta a Maraɗi ta sha kwanciya tana gwada yadda sunanta zai fito da muryar Inna. Ta yi aure, ta haihu, ta ƙetare teku, kwaɗayin nan bai sake ta ba. Tana son ji. Allah ya sani tana son ji, kuma tana jin kunyar son da take yi.

Inna ta kalli kyamara. Sannan ta yi abin da ba ta taɓa yi ba a gaban baƙo, ta juyo ta kalli 'yarta ido cikin ido.

Ta buɗe baki. Harshen ya ƙi. Ta haɗiye yawu ta sake gwadawa, jijiyoyin wuyanta suka tashi, gumi ya tsattsafo mata a goshi. Ba ciwon kaɗai take kokawa da shi ba. Hawaye ya gangaro daga idonta mai lafiya, ta kai hannu za ta ja mayafi ta rufe fuska, ta tuna hoto ake ɗauka, ta sauke hannun.

A bakin mutanen Dakoro sunan Hurera ne.

"Hu..."

Fourera ba ta san lokacin da ta tashi ba. Ta faɗa kan gadon, ta sa tafin hannunta ta rufe bakin uwarta.

"Kar ki hwaɗi, Inna. Na sani. Kar ki hwaɗi."

Inna ta kama wuyan hannunta tana ja, ba ƙarfi. A ƙarƙashin tafin leɓunan suka ci gaba da motsi, a hankali, har suka kai ƙarshen sunan. Fourera ta ji shi a fatar hannunta, da ɗuminsa da danshinsa. Kunnenta bai ji komai ba.

Ba wanda ya ji buɗe ƙofar falo. Roseline tana tsaye ta dafe kai da hannu biyu, ta manta da kyamara, jar fitilar nan tana nan a kunne tana kallon gado. Abin da take ɗauka kuwa, ga duk wanda bai sani ba, mace ce ƙaƙƙarfa ta danne tsohuwa marar lafiya ta toshe mata baki, tsohuwar tana hawaye tana ƙoƙarin ƙwacewa.

Jakar makaranta ta faɗi ƙasa.

Ruwaida ce a bakin ƙofar ɗaki, ubanta a bayanta da makulli a hannu. Yarinyar ta dubi kakarta, ta dubi hannun uwarta, ta ja da baya har ta bugi ƙafar Haris. Da Turanci ta yi tambayar, don da shi take tambayar duk abin da ya ba ta tsoro.

"Mom, me kike yi wa Kaka?"